Malamin da Ya Zo a Cikin Gwangwani

Mutum biyu ne suka koya mini aikin tace hoto. Na farkon na zauna a gefensa shekara da shekaru, na ɗauko masa shayi, na share masa tebur, na sha faɗansa. Na biyun ban taɓa sa shi a ido ba, har ya bar duniya a 2012 bai san akwai wani yaro a Arewacin Najeriya da ke bin sawun almakashinsa ba. Sunansa Dann Cahn, Ba'amurke, shi ne editan farko na wasan barkwancin nan mai suna I Love Lucy, wanda aka fara nunawa a 1951.

Na shiga aikin talabijin a tsakiyar shekarun 1970, lokacin da jihohi ke rige-rigen buɗe tashoshinsu. Abin bai tsufa a ƙasar ba. Ibadan ce ta fara a watan Oktoba na 1959, Inugu ta biyo a 1960, Kaduna a 1962. Sai da yamma ake buɗe tasha, kafin dare ya raba an rufe, kuma gida ɗaya mai akwati yakan ɗauki yaran unguwa guda. Abokaina da aka ɗauke mu tare kowa burinsa a gan shi yana karanta labarai. Ni wani ɗaki aka nuna mini a ƙuryar gini, ba taga, fanka tana juyawa a hankali don kada ta tayar da ƙura, warin gam ɗin haɗa fim ya cika ko'ina.

Maigidana a ɗakin dattijo ne mai ƙarancin magana, wanda ya taɓa zuwa kwas Ingila. Farar safar hannu ya fara miƙo mini kafin ya tambayi sunana. A lokacin da fim mai faɗin milimita 16 ake ɗauko labarai, kuma irin wanda ba shi da nagatif ne: abin da ya fito daga cikin kyamara, shi za a wanke, shi za a yanka, shi za a haska wa jama'a da daddare. Wata rana ya ga na ɗaga wani yanki da yatsu biyu ina dubawa a fitila, sai ya ce, "Kai yaro, hoton nan da ke hannunka, akwai wani irinsa?"

Na ce, "Babu, Malam."

Ya ce, "To ka riƙe shi riƙon abin da babu irinsa."

A wurinsa na koyi aikin hannu. Ka sa alama da fensirin maiƙo, ka yanka a kan layin da ya raba gidan hoto da gidan hoto, ka kankare bakin fim ɗin da reza har ya yi fes, ka shafa gam kaɗan, ka danne, ka jira ya kama. In gam ya yi yawa ya ɓata hoto, in ya yi kaɗan fim ya tsinke ana tsakiyar labarai. Akwai kuma wani tarko da ke kama sabon shiga. A irin wannan fim, murya tana kan wani siririn zare a gefe, kuma tana gaban hotonta da gida 28, wato sakan ɗaya da ɗoriya. In ka yanka daidai inda ka ga mai jawabi ya buɗe baki, ka jefa kalmominsa na farko a kwando ke nan, mutane su ga baki yana motsi ba magana. Dole ido ya duba wuri ɗaya, kunne ya saurari wani wurin.

Amma yaron ɗaki ba ya fara taɓa labarai. Aikina shi ne gwangwanayen ƙasashen waje. Shirye-shiryen Amurka da Ingila a gwangwani suke zuwa, sun zaga tashoshi da yawa kafin su iso mu, duk sun sha jiki. Ni zan buɗe, in bi fim ɗin da yatsa ina neman inda ramukan gefe suka yage, in gyara, in goge, in auna tsawonsa, in sa alamar inda talla za ta shiga. Wannan aiki yana sa mutum ya kalli shiri yadda ba mai kallonsa a gida: gaba, baya, a hankali, wani lokacin gida ɗaya ɗaya. A nan na haɗu da Lucy.

Turancina a lokacin bai kai in kama maganar Amurkawa da sauri ba, balle ta mijinta Ricky, wanda in ya fusata yake juyewa zuwa Sifaniyanci. Hakan ya taimake ni, don tun da ban cika bin zancen ba, sai idona ya koma kan inda hoto ke canzawa. Na lura da wani abu da ya ɗaure mini kai. In an faɗi abin dariya, hoton ba ya tsalle nan take. Yakan tsaya a kan fuskar wanda maganar ta faɗa wa, ya jira dariyar 'yan kallo ta hau, ta kai ƙololuwa, sai ta fara gangarowa kaɗan a yanka zuwa wanda zai yi magana ta gaba. Ba a jira ta mutu, ba a kuma sare ta tana kan tashi. Na mayar da wuri guda baya na sake dubawa, na ɗauko wani gwangwanin na ga haka, na ɗauko wani na ga haka. Sai na tafi ƙarshen fim inda sunaye ke wucewa, na tsayar, na karanta sunan mai wannan hannu.

Sai daga baya, a littattafai da kuma doguwar hirar da aka ɗauka da shi a tsufansa, na san ko wane ne. An haife shi a 1923 a Los Angeles, kuma gadon gidansu ne. Mahaifinsa Philip Cahn edita ne a kamfanin Universal, yana cikin mutanen da suka kafa ƙungiyar masu tace fim a 1937. Baffansa Edward L. Cahn shi ma daga ɗakin yanka ya zama darakta. A Yaƙin Duniya na Biyu Dann ya yi aikin soja a rundunar shirya finafinai ta mayaƙan saman Amurka da ke Culver City, inda Ronald Reagan ma ya yi aiki, suna haɗa finafinan horar da sojoji. Bayan yaƙi ya yi mataimakin edita, har a fim ɗin Macbeth na Orson Welles na 1948. Yana ɗan shekara 28 aikin Lucy ya same shi, a zamanin da manyan Hollywood ke yi wa talabijin kallon ƙaramar sana'a.

Sai an san yadda talabijin take a Amurka a 1951 za a gane nauyin da aka ɗora masa. Yawancin shirye-shirye kai-tsaye ake yin su daga New York. Garuruwan da ke nesa kuwa, sai a kafa kyamara a gaban akwatin talabijin a ɗauki abin da ke fitowa, a aika musu. Wannan kwafi, da suke kira kinescope, dishi-dishi yake, ba shi da kyan gani. Lucille Ball da mijinta Desi Arnaz, mutumin Kyuba, masu fitowa a matsayin Lucy da Ricky, suka ce su a Los Angeles za su zauna. Kamfanin taba na Philip Morris da ya ɗauki nauyin shirin ya ce ba zai yarda a ba mutanen gabashin ƙasar, inda mafi yawan masu kallo suke, hoto dishi-dishi ba. Mafitar da aka samu ita ce a ɗauki wasan a kan fim mai faɗin milimita 35, irin na silima. Amma Lucy sai a gaban mutane wasanta ke tashi, don haka dole a yi shi a gaban 'yan kallo, daga farko zuwa ƙarshe kamar wasan dandali. Kuɗin ya ƙaru, sai ma'auratan suka yarda a rage musu dala 1,000 a albashin kowane mako, su kuma finafinan su zama mallakar kamfaninsu, Desilu. Tashar CBS, wadda za ta nuna shirin, ta amince.

Suka ɗauko Karl Freund, wanda ya ɗauki hoton Metropolis a Jamus a 1927 ya kuma ci kyautar Oscar da The Good Earth, ya tsara fitilu daga sama yadda kyamara uku za su yi aiki lokaci guda ba tare da an tsaya gyaran haske ba. Aka kafa benci na mutum wajen 300 a sutudiyon General Service. Ba su suka fara ɗaukar hoto da kyamara da yawa ba, furodusa Jerry Fairbanks ya riga su, amma su suka haɗa kyamara uku da fim na silima da 'yan kallo na gaske har abin ya zauna ya zama hanya.

Duk wannan kan editan yake sauka. Fim na milimita 35 yana cin ƙafa 90 a minti. Kyamara uku, ƙafa 270 ke nan a kowane minti, don haka wasan rabin awa, in an cire lokacin talla, yana tara ƙafa wajen 7,000, ga zaren murya daban. Injin Moviola da editoci suka saba da shi tun 1924 hoto ɗaya yake nunawa. Ka kalli na kyamarar farko, ka sauke, ka ɗora na biyu, ka riƙe a ka abin da ka gani a na farko, ka sauke, ka ɗora na uku. A fim na silima ana da watanni. Nan kuwa kowace Litinin da ƙarfe tara na dare sai an haska sabo. Wasan da aka fara ɗauka ranar 8 ga Satumba 1951 bai ma samu fitowa a daren buɗewa na 15 ga Oktoba ba, sai da ya zama na huɗu. Abin da ya cece su wani ƙaton inji ne da aka haɗa kawunan Moviola a jere, uku na hoto da na murya, duk suna tafiya tare. Girmansa ya sa ɗakin yanka bai ɗauke shi ba, sai a ɗakin ajiye kayan wasa aka kafa shi, Cahn ya laƙaba masa suna dodo mai kai uku. A gabansa edita yana ganin sakan guda ta fuska uku, ya sa fensiri inda zai bar wannan ya koma wancan. Aikin ya zama kamar lugude, taɓarya uku a turmi ɗaya, kowace sai ta san lokacin shigarta, in ba haka ba a yi karo.

Akwai wasan da na fi daɗewa a kansa, wanda aka fara nunawa ranar 15 ga Satumba 1952. Lucy da ƙawarta Ethel sun sami aiki a masana'antar cakulan, an zaunar da su gaban wani bel mai tafiya, su naɗe kowane ƙwaya a takarda kafin ya wuce, in ɗaya ya kuɓuce a kore su. Bel ya fara a hankali, sannan ya ƙara gudu. Suka shiga cusa cakulan a baki, a hula, a cikin riga. Shugabarsu ta shigo ta ga bel fes, ta yaba, ta ɗaga murya a ƙara gudu. Edita mai son a san da shi zai yi ta tsalle daga hannu zuwa baki zuwa ido. A nan kuwa an fi barin hoton da ya haɗa matan biyu da bel ɗin, domin dariyar tana cikin ganin cakulan yana tahowa ba ƙaƙƙautawa alhali hannaye sun kasa. Sai inda kumatu suka cika ake matsowa kusa. Mai kyamara uku a hannu wanda ya iya haƙurin zama a kan ɗaya, wannan ya san aikinsa. A 1957, lokacin Bud Molin, wanda ya fara a matsayin mataimakin Cahn, ya karɓi yankan yau da kullum shi kuma Cahn yana duba aikin Desilu gaba ɗaya, an yi wani wasa da Lucy ta ɓoye ƙwai a rigarta mijinta ya ja ta rawar tango. Dariyar da aka yi a zauren ta haura minti guda. Yadda za a yi da minti guda na dariya, wa za a nuna, yaushe za a motsa, wannan hukuncin ɗakin yanka ne, ba ya cikin takardar marubuci.

Da aka fara ba ni wasannin Hausa in haɗa, sai na ga bambancin da ke tsakaninmu da shi. Zamanin su Samanja da Karkuzu da Ƙasimu Yero ne, kowace tasha tana da 'yan wasanta, kuma galibi ba a rubuta musu magana kalma da kalma. A faɗa musu labari, su shiga su zuba. Gwanaye ne ƙwarai, amma ba 'yan kallo a sutudiyo. Cahn yana da dariyar a kan zaren muryarsa, yana jin inda ta tashi da inda ta sauka. Tamu dariyar tana can a tsakar gidajen mutane, ba za a yi ta ba sai bayan mun gama aiki. Don haka na ɗauki al'adar zuwa gidan wani maƙwabcinmu mai akwati a daren da za a nuna abin da na haɗa. In zauna a baya wajen takalma, ba allon nake kallo ba, yara da matan gida nake saurare. Nan zan ji inda dariya ta danne maganar da ta biyo baya har wani ya ce, "Ku yi shiru mana, me ya ce?" Nan kuma zan ji inda na bar fili ba wanda ya dara, aka fara hira. Mako mai zuwa in ƙara sakan ɗaya a irin wancan wuri, in rage a irin wannan. A hankali na gane cewa mutanenmu sun fi darawa a kan fuskar wanda aka yi wa magana, musamman in babba ne aka kunyata yana ƙoƙarin riƙe girmansa, kuma irin wannan dariya tana da jinkirin tashi, tana buƙatar fili fiye da ta Amurkawa.

Har yau in na kalli barkwancin da yaranmu ke haɗawa a kwamfuta, wannan nake dubawa. Da yawansu suna da ido, kayan aikinsu kuma ya fi namu nesa ba kusa ba. Abin da ke damuna shi ne a cika wurin dariya da kiɗa ko wata ƙara, ko a bar fage ya yi ta tafiya bayan abin dariyar ya riga ya mutu. Ɗan wasa ya yi nasa, sai a rasa wanda zai auna masa lokaci.

Yadda aka yi gwangwanin Lucy ya iso hannuna bayan shekara ashirin da ɗoriya, shi ma daga waccan yarjejeniya ta 1951 ya samo asali. Da Lucille Ball ta sami juna biyu a 1952 ta tafi hutu, sai aka sake haska tsofaffin wasanni, aka ga mutane sun zauna sun kalla kamar sababbi. Daren 19 ga Janairu 1953 da aka nuna haihuwar ɗanta a cikin wasan, mutum miliyan 44 suka kalla, fiye da waɗanda suka kalli rantsar da Shugaba Eisenhower washegari. Kafin a rufe shirin a watan Mayu na 1957 an yi wasa 180. Desilu ya sayar wa CBS finafinan a kan fiye da dala miliyan 4, a ƙarshen 1957 kuma ya sayi sutudiyon RKO, inda Lucille Ball ta taɓa zama 'yar wasan kwantiragi. Tun da a fim suke, masu kyau, sai aka yi ta buga kwafi ana aikawa ƙasa ƙasa.

Mu tef ne ya same mu. Kamfanin Ampex ya fito da injin ɗaukar hoto a tef mai faɗin inci biyu a 1956, kuma da farko shi ma da reza ake yanka shi, sai an shafa wani ruwa mai garin ƙarfe a duba da madubin ƙara girma kafin a ga inda za a sa wuƙa. Sony ya kawo kaset na U-matic a 1971, shi ya zama abincinmu na yau da gobe. An daina yanka da hannu, sai juyewa daga inji zuwa inji, bi da bi. In ka kai minti na ashirin ka ga kana son ƙara sakan biyu a minti na uku, sai ka sake duk abin da ya biyo baya. Wannan ya koya mana yanke shawara tun kafin a danna maɓalli. Amma tef yana da wata siffa da fim ba shi da ita: ana iya goge shi a sake ɗauka. Kaset yana da tsada, daga waje ake sayo shi, kuɗin ƙasar waje ya yi wuya a shekarun 1980. A tashar da na yi aiki, in labarai suka matso ba sabon kaset, sai a shiga ɗakin ajiya a zaro wanda aka riga aka nuna. Da hannuna na sa wasannin da na kwana ina haɗawa a inji aka hau kansu da taron bikin buɗe rijiya. Ba mu kaɗai ba ne, manyan tashoshin Ingila da Amurka ma sun goge nasu da yawa a shekarun 1960 da 1970. Sanin hakan bai rage mini zafin abin ba. Akwai 'yan wasan da suka rasu waɗanda jikokinsu ba su da ko minti ɗaya na motsinsu, alhali gari guda ya san muryarsu.

Cahn ya bar Desilu bayan ya duba aikin shirye-shirye irin su The Untouchables, ya yi The Beverly Hillbillies, ya koma finafinan silima na wani lokaci, daga baya ya shugabanci sashen haɗa hoto a kamfanin furodusa Glen Larson. A 2000 ƙungiyar editocin Amurka ta ACE ta ba shi lambar yabo ta aikin rayuwa. Ɗansa Daniel shi ma edita ya zama, har ya shugabanci ƙungiyar da kakansa ya sa hannu aka kafa. Ya rasu ranar 21 ga Nuwamba 2012 yana da shekara 89, kuma duk wanda ke son ganin yadda ya yanka wasan cakulan zai iya nemowa yau ya ƙirga gidajen hoton da kansa.

Na san akwai sauran kaset namu da suka tsira, a kabad na tsofaffin ma'aikata, a ɗakunan ajiyar tashoshi, a kwalaye ƙarƙashin gado. Zafi da raɓar damina suna sa tef ya yi danƙo ya manne da kansa, injinan U-matic masu aiki sun yi ƙaranci, masu gyaransu kuma tsararrakina ne. Wanda ke riƙe da irin wannan kaset kada ya cusa shi a injin da ya daɗe a ajiye don gwaji, yana iya tauna shi a juyi ɗaya. Ya ajiye shi a tsaye a wuri mai sanyi marar laima, ya rubuta abin da ya tuna na sunan wasan da 'yan wasan da shekarar a jikin kwalin, sannan ya nemi wanda ya iya juye shi zuwa kwamfuta tun ana iya karanta shi.